Tawadar alkol: da gaske ne ba ta jin ruwa?

Shin kayan ƙawa da aka zana da tawadar alkol suna jin ruwa ko ba sa ji? Tambayar ke nan da ke haɗa masu sana'ar hannu da masu saye gardama a Maradi, tun da wannan salon zane ya shigo ta bidiyoyin TikTok da Instagram, ƴan mata da matan aure suka kama shi suna ƙawata tire, kofi, bayan waya, allon bango da ƴan kyaututtukan da ake rabawa a biki. Mai sayarwa za ta ce: "Hajiya, wannan ko cikin Gulbi kika jefa shi launinsa ba zai motsa ba." Bayan ƴan watanni Hajiya ta dawo da tire a hannu, jan ya koma fari-fari, wani gefen ya zube, tana cewa an ci amanarta. Sau da yawa dukansu biyu gaskiya suke faɗa. Ruwa bai taɓa launin ba, kamar yadda aka yi alkawari. Wani abu ne daban ya cinye shi, kuma babu wadda ta yi zancen wannan abu ranar ciniki.

Abin da ke cikin kwalbar

Tawadar alkol abu uku ce a haɗe: rini mai ba da launi, alkol da rinin ya narke a ciki, da ɗan danƙo mara launi, wato rezin, wanda ke manna rinin a jikin abin da aka zuba wa. Alkol ɗin, wato irin ruwan nan da ake goge rauni da shi, ko dai etanol ne ko isofurofil. Etanol yana tafasa a digiri 78, isofurofil a wajen 82, ruwa kuwa sai ya kai 100, kuma tun kafin a kai ga tafasa alkol ya fi ruwa saurin bin iska nesa ba kusa ba. Shi ya sa ɗigo ɗaya a kan tayil yake bajewa, ya tura launi zuwa gefe, ya bushe cikin ƴan daƙiƙu ya bar wani zobe mai duhu a bakinsa. Waɗannan zobba da gizagizan launi su ne duk kyan abin.

Sunayen da suka yi fice a wannan fanni su ne Piñata ta kamfanin Jacquard da ta kamfanin Ranger, dukansu a Amurka, sai Copic ta Japan, wadda alƙalumanta na zane, wato maka, suka fito a 1987. Amma ba baƙon abu ba ne a gare mu kamar yadda ake zato. Makar nan da ɗan kasuwa ke rubuta suna da ita a jikin buhu ko jarka kafin a ɗora a mota zuwa Yamai ko Damagaram, ƴar gida ɗaya ce da ita. Sharpie, wadda ta fi shahara cikin irinsu, tun 1964 take kasuwa. Kowa ya ga yadda rubutun jikin jarka ke shan ruwan sama bai goge ba, kuma kowa ya ga yadda yake dusashewa idan jarkar ta daɗe a rana. Amsar tambayarmu tana nan a jikin jarkar tun tuni.

Dalilin da ruwa ba ya narkar da ita

Kowane ruwa-ruwa yana da abin da yake iya narkarwa. Makanikin da ya gama aiki hannunsa duk baƙin mai, ko randa guda ya juye a kai ba zai fita ba, amma ɗan kananzir a tsumma ya isa. Rinin da ake sa wa a wannan tawada da danƙon da ke riƙe shi an zaɓe su ne daga cikin abubuwan da alkol ke narkarwa amma ruwa bai iyawa. Da zarar alkol ya tashi, abin da ya rage a jikin tayil wani siririn fatar launi ne da ruwa ke zamewa a kai ya wuce.

Mu nan mun san akasin wannan tun muna yara. Tawadar makarantar allo daga baƙin tukunya ko gawayi ake yin ta, a haɗa da ƙaro. Ƙaro yana narkewa a ruwa, shi ya sa almajiri ke wanke allonsa ya yi sabon rubutu, kuma da gangan aka yi ta haka. Amma baƙin da ke cikinta gari ne na gawayi, rana ba ta iya masa komai. Tsofaffin takardun hannu da ke ajiye a gidajen malamai, wasu tun na kakanni, baƙinsu yana nan daram matuƙar ruwa da gara ba su kai gare su ba. Tawadar allo ruwa take tsoro, ba ta tsoron rana. Tawadar alkol rana take tsoro, ba ta tsoron ruwa. Wanda ya riƙe wannan ya riƙe rabin bayanin.

Rashin narkewa daban, zama daram daban

A nan ne ake yawan ruɗewa. Idan kamfani ya ce ruwa ba ya narkar da tawadarsa, ba yana nufin kayan da aka zana da ita za su jure wanki da jiƙo da guga ba. Wannan ya danganta ne da abin da aka zuba tawadar a kai.

A kan tayil mai sheƙi, gilashi, tangaran ko kwanon ƙarfe mai santsi, tawadar ba ta shiga ko'ina, zaune kawai take a sama. Ɗigon ruwa ba zai yi mata komai ba, amma farce zai kankare ta. Idan aka jiƙa kofin cikin bahon wanke-wanke ya daɗe, ruwa yana samun ƴar kafa inda aka taɓa karcewa, ya bi ta ƙarƙashi, sai fatar launin ta ɗago ta fara ɓarewa. Ruwan da aka wanke da shi zai fito fes babu launi, amma zanen ya tafi. Ƙara da omo da soson ƙarfe, magana ta ƙare. Jabel kuwa, ruwan nan na cire tabo a farin kaya, ba kankarewa yake yi ba, kashe launin yake yi gaba ɗaya.

A kan takardar roba da ake kira Yupo, wadda wani kamfanin Japan ke yi daga robar folifurofilin, tawadar ta fi samun wurin zama, kuma takardar kanta ba ta jiƙa. Wasu bidiyoyin da ake gani ana zuba wa zane ruwa bai motsa ba a kanta ake yin su. A kan takarda ta yau da kullum tawadar tana nitsewa ta ɓullo ta baya, launin ba ya gudu idan ta jiƙe, amma takardar ce ke lalacewa. Ƙwarya da katako suna shan ta ba daidai ba, wani wuri ya yi duhu wani ya yi haske, kuma idan suka sha ruwa suka kumbura, abin da aka rufe su da shi yana tsagewa. Yadi kuma ba gidanta ba ne. Ba rinin tufafi ba ce, tana iya zuba ko ta kwashe a wanki da sabulu, don haka mai son ƙawata mayafi ko gyale ta nemi rini ko fentin da aka yi don yadi.

Turare: abokin gabar da ke cikin ɗaki

Abin da ya narkar da tawadar a kwalba yana nan yana iya narkar da ita ko bayan shekara goma. Bushewarta ba irin ta siminti ba ce da ba ta komawa baya. Alkol ya tashi ne kawai, kuma duk ranar da wani alkol ya sauka a kanta za ta farka.

To ina alkol yake a gidan Bahaushiya? A kan madubi, jere. Yawancin turaren fesawa alkol ne ya fi yawa a cikinsa. Man goge hannu da ya cika gari lokacin korona, a haɗin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta bayar, etanol kashi 80 ne cikin 100 ko isofurofil kashi 75. Ga alkol ɗin farmasi na goge rauni, ga ruwan cire jan farce mai asiton, wanda ya ma fi su ƙarfi. A ɗauki tiren da aka zana wa amarya don jera turarukanta. Ta fesa turare a wuya, ɗan raɓarsa ya sauka a kan tiren, kwalbar kuma akwai ɗan danshi a gindinta. Washegari idan ta ɗaga kwalbar za ta tarar da zobe fari tas daidai faɗin gindin, bakinsa ya yi duhu inda launin ya taru, ga ƴan ɗige-ɗige kamar an watsa gero kewaye da shi. Ita a ganinta abu mai ruwa ne ya zuba, don haka ta ce tiren yana jin ruwa. Mai sana'a ta zuba ruwan famfo a gabanta, launi bai motsa ba, sai rantsuwa ta tashi.

A ganina wannan shi ne babban abin ban takaici a harkar. Kayan da aka fi yi da wannan tawada su ne daidai kayan da aka fi ajiyewa kusa da turare ko a hannun mai shafa shi: tiren madubi, bayan waya, ɗan kunne, marfin kwalba, maƙalin makulli.

Rana, wadda ba a tambayar ta

Masu harkar launi sun raba shi gida biyu. Akwai rini, wanda ke narkewa ƙwayoyinsa su warwatsu ɗai-ɗai. Akwai garin launi, wanda ba ya narkewa, yana nan a dunƙule komai laushin niƙansa, kamar gawayin tawadar allo ko jar ƙasa. Rini ya fi ɗaukar ido domin haske yana ratsa shi ya daki farin tayil ya dawo. Amma wannan hasken, musamman ɓangarensa da ido ba ya gani wanda ake kira UV, yana karya ƙwayoyin rinin ɗaya bayan ɗaya, kuma wadda ta karye ba ta sake ba da launi. Garin launi ya fi juriya, domin na waje yana kare na ciki.

Matsalar tsohuwa ce. Tun da Wiliyam Perkin, wani saurayi ɗan shekara 18 a Ingila, ya gano rinin farko na masana'anta a 1856, ake kuka da cewa irin waɗannan rinunnuka suna da kyau amma da yawansu ba sa daɗewa a haske. Har ma'auni aka yi don wannan, na ƙyallayen ulu masu shuɗi guda 8, daga na 1 mai saurin kwashewa zuwa na 8 mai taurin kai. Yawancin tawadar alkol rini ce. Waɗanda suka fita daban su ne fara da masu ruwan zinare da azurfa, domin su gari ne, shi ya sa ake girgiza kwalbarsu kafin a zuba. Masu aikin sun saba ganin ruwan hoda, shunayya da wasu jajaye su ne ke fara tafiya. Sakamakon haka zane ba ya dusashewa gaba ɗaya lokaci guda, canza kama yake yi: shunayya ta koma shuɗi-shuɗi, zinaren kuma yana nan yana ƙyalli a kan abin da ya mutu.

Yanzu a duba inda muke. Ruwan saman Maradi a shekara bai wuce wajen milimita 500 ba, kuma kusan dukansa tsakanin Yuni da Satumba yake sauka. Sauran watannin rana ce, a Afrilu da Mayu zafi yana haura digiri 40. Wadda ta koyi sana'ar daga bidiyon wata baiwar Allah a Kanada ko Jamus ta gaji damuwar can, inda ruwa da danshi suka fi yawa, rana kuma baƙuwa ce rabin shekara. Mu nan kayan da aka baje a bakin shago don jan hankalin masu wucewa suna iya fara kwashewa tun kafin a saye su. Gilashin taga ma ba kariya ba ce cikakkiya, yana tare wani ɓangare na UV ya bar wani ya wuce.

Ba duk abin da aka dama da alkol ba ne tawadar alkol

Akwai kuma inda mai saye ke da gaskiya ɗari bisa ɗari, wato launin da gaske ruwa ne ya wanke shi. Tawadar kamfani tana da tsada kuma ba a kowace kasuwa ake samun ta ba, sai an yi saƙo Kano ko a jira mai zuwa waje. Don haka mutane suka koma haɗa tasu. Wasu suna fasa maka mara gogewa su jiƙa audugar cikinta a alkol. Wannan yana aiki, ko da yake launin bai kai na kamfani kauri ba, domin rinin da danƙon na ainihi ne. Wasu kuma suna dama kalar abinci, ko galura, ko tawadar firinta ta gida a cikin alkol. Waɗannan yawancinsu rinin ruwa ne tun asali. Alkol yana haɗuwa da ruwa, don haka za su damu, su baje a kan tayil, su bushe su yi kama da na gaske. Amma babu danƙo a ciki, rinin kuma bai canza hali ba don ya ratsa ta alkol. Jiƙaƙƙen tsumma ɗaya zai kwashe shi. Araha ba ta ado.

Makar farin allo ta makaranta ma tarko ce. Ita ma da alkol aka yi ta, amma an sa mata wani abu mai santsi da gangan don kada ta kama.

Shi kansa alkol ɗin da ake sirkawa da shi akwai magana. Na farmasi mai lamba 70 kusan kashi 30 nasa ruwa ne. Yana jinkirin bushewa, yana sa launi ya tsinke ya yi tsaki-tsaki. Masu wannan zane isofurofil mai kashi 91 zuwa 99 suke nema, kuma cikin abin da ke hannunmu mai lamba 90 ko sama da haka ya fi kusa.

Rufi: abin da yake karewa da abin da ba ya karewa

Maganin turare da karce shi ne a rufe zanen da wani abu mai haske. Sai dai a nan ma tsugune ba ta ƙare ba, domin yawancin fentin fesawa mara launi da ake samu wajen masu kayan mota da babur yana ɗauke da sinadarai masu ƙarfi irin su asiton, waɗanda ke narkar da tawadar nan take. Mutum ya gama zanensa, ya fesa don ya kare shi, ya tsaya yana kallon launuka suna gudu suna cakuɗewa.

Tsarin da masu aikin a waje suka saba bi hawa-hawa ne. A bar zanen ya kwana ya bushe sosai. A fesa masa wani man rufi da ba ya tayar da tawadar, wanda aka fi ambata shi ne mai suna "Kamar Varnish" na kamfanin Krylon, a tsaya nesa kamar santimita 30, a yi shafi siriri sau biyu ko uku, kowanne ya bushe kafin na gaba. Sannan a ɗora mai tare UV. Idan kayan na amfani ne, kamar tire, sai a zuba rezin na efoksi, wani ruwa mai kauri da ke ƙamewa kamar gilashi, a kai, ya yi kwana ɗaya zuwa uku kafin ya ƙame. Inda ba a samun waɗannan, man rufi na akirilik da ake sirkawa da ruwa yana iya zama shafin farko, tunda ruwa ba ya tayar da tawadar, amma da buroshi mai laushi, a wuce sau ɗaya ba a komawa.

Kowane lokaci na shekara da irin tasa matsalar. Da hunturu ƙura ce: rezin yana ɗaukar sa'o'i yana ɗanye, kuma duk abin da iska ta kawo ya zauna ke nan har abada, sai an kifa kwali a kai. Da bazara rezin yana saurin kamawa tun a kofin haɗi, tawadar kuma tana bushewa kafin a juya ta, kwalbar da aka bari a buɗe ta zama kauri. Da damina danshi yana sa rufin ya yi hazo fari-fari ko ya ƙi sakin danƙo.

Ko an yi komai daidai, abu biyu suna nan. Rufin UV jinkirta dusashewa yake yi, ba ya hana ta, kuma shi kansa efoksi yana komawa rawaya idan ya daɗe a rana. Na biyu, zafi. Efoksin kayan ƙawa da yawa yana fara laushi daga wajen digiri 50. A garin da ake sauke butar shayi daga kan gawayi a ɗora a tire, wannan ba ƙaramar magana ba ce: gindin butar zai bar shaidarsa.

Lafiya da wuta

Wannan tawada ba ta abinci ba ce. Kada ta shiga cikin kofi ko faranti, kada ta kai inda leɓe ke taɓawa, kuma kada a yi wa jariri abin wasa da ita. Wanda ya ga tana kama da tawada kada ya kuskura ya yi rubutun sha da ita. Isofurofil guba ne idan aka sha, alkol ɗin ƙonawa kuma wani yana ɗauke da metanol, wanda ke makantarwa har ya kashe.

Tururin alkol yana kama wuta tun daga digiri 12 zuwa 13, ma'ana a Maradi kusan babu ranar da kwalbar da ke buɗe ba ta cikin shirin kamawa. Harshen wutarsa kuma ba ya cika ganuwa da rana. Matan da ke wannan aiki a ɗaki, ga kaskon turaren wuta a gefe ko risho a bakin ƙofa, su ne abin ji. A yi shi a inuwa inda iska ke wucewa, nesa da yara. Kamfanin Ranger da kansa yana gargaɗin kada a zuba ruwansa na sirka tawada a kwalbar fesawa, saboda danƙon da ke ciki bai kamata ya shiga huhu ba.

Tambayar da ake kai wa malamai

Ba za a yi zancen alkol a garin nan ba tare da an tambayi hukuncinsa ba, musamman da yake wasu suna ƙawata allon bango mai ɗauke da ayoyi ko sunayen Allah da wannan tawada. A mazhabar Malikiyya giya najasa ce. Malaman wannan zamani kuma sun saɓa a kan alkol ɗin masana'anta da ke cikin turare da magani: wasu sun haɗa shi da giya, wasu sun ce ba najasa ba ne. Abin da mai sana'a za ta iya yi shi ne ta kai wa malaminta bayani daidai. Isofurofil daga sinadaran man fetur ake yin sa, ba abin sha ba ne. Etanol kuwa shi ne sinadarin da ke cikin giya, ko da yake na masana'anta ana gurɓata shi don kada a sha. A dukansu, bayan bushewa alkol ɗin ya tafi, rini da danƙo ne suka rage. Hukunci na malamai ne. Ni dai ina da wani dalili na daban da ke sa ni ɗari-ɗari: rubutu mai alfarma bai dace da launin da ke kwashewa ko ɓarewa ba. In za a yi, a bar tawadar alkol a bayan rubutun da gefensa, a rubuta ayar da abin da ke daɗewa.

Dukawa sun riga kowa sanin wannan

Maradi garin fata ne. Jar akuyarta ta yi suna har ƙasashen waje saboda laushin fatarta, kuma dukawa sun daɗe suna rina ta: jima da bagaruwa, ja daga karan dafi, baƙi daga kuloko. Baƙin kuloko ƙarfe ne ke haɗuwa da sinadarin bagaruwa a cikin fatar kanta, shi ya sa ba ya wankuwa. Rinin fata na kwalba da ya shigo daga baya, da yawansa na alkol ne, ɗan'uwan tawadar da muke magana a kai. Yana da sauri, yana da launuka da yawa, yana nitsewa cikin fata, don haka ba ya ɓarewa kamar a kan tayil. Aibinsa wani ne: abin da fatar ba ta shanye ba yana zama a sama kamar ƙura, zufa da guga su ɗauke shi. Wanda ya taɓa rataya sabuwar jaka a kan farar shadda ranar Juma'a ya san sauran labarin. Baduku mai sanin aikinsa yana goge fatar da busasshen tsumma har sai tsumman ya daina ɗaukar launi, sannan ya shafa mata abin rufi. Masu sabuwar sana'a da za su zauna da irin waɗannan dattawa rabin yini, da sun rage asara.

Wa ke ɗaukar asarar

Mai sana'a tana da hujja: kayan aiki da tsada, rufi mai kyau yana iya fin tawadar kanta kuɗi, mai saye kuma ba ta son a ƙara mata ko dala. Idan ta tsaya bayanin cewa kayan ba sa son rana, ba sa son turare, ba sa son zafi, tana tsoron a ajiye a wuce gaba. Mai saye ma tana da hujja: ba aikinta ba ne sanin bambancin rini da garin launi, an ce mata ba ya jin ruwa, ta ɗauka ana nufin yana da ƙarko. A tsakanin su biyun na fi ɗora nauyin a kan mai sana'a, domin ita ce ta san abin da ta zuba. Kuma ita ce ke da babbar asara, tunda a garin da ciniki ke tafiya ta bakin ƴan'uwa da rukunin WhatsApp, tire ɗaya da ya zube a ɗakin amarya ya isa ya kore mata dangi guda.

Gwajin ba shi da wuya. A sami ɓallin tayil a zana shi da tawadar da ake aiki da ita, a rufe shi da rufin da ake niyyar amfani da shi. A ɗiga ruwa a wani gefe, turare a wani. A jiƙa ƙarshensa a ruwan omo ya kwana. Sannan a manna kwali a kan rabinsa, a ajiye shi a kan katanga inda rana ke duka na ƴan makonni, a ɗaga kwalin a kwatanta. Duk sabuwar tawada ko sabon rufi da aka sayo sai an maimaita, domin kwalabe biyu masu kama ɗaya ba lallai abin cikinsu ya zama ɗaya ba. Mai saye kuma tambayoyinta uku ne: an rufe shi, da me aka rufe shi, kuma a ina ya kamata in ajiye shi?

Kayan da suka riga suka lalace, gyaransu ya danganta da abin da ya same su. Tayil ko gilashin da ba a rufe ba, turare ya ɓata shi, ana iya ɗiga masa alkol a sake juya launin, ko a goge shi tas a sake sabon zane, ba a yi asarar komai ba sai tawada. Wanda aka zuba wa efoksi ya karce ko ya yi hazo, ana goge samansa da takardar yashi mai laushi a ƙara wani siririn zubi. Wanda rana ta cinye a ƙarƙashin efoksi kuwa babu yadda za a kai ga launin balle a dawo da shi, sai dai a yi wani.